Sunan Gonda a Shafin Hamaoki

Matsuyama,
14 ga Oktoba, 2024

Zuwa ga ƙanwata Chizuru Gonda,

Bayan gaisuwa irin wadda ta dace, ina fata sanyin kaka bai riga ya shiga gwiwoyinki ba a can cikin duwatsun Kurasawa. A nan lemun zaƙi ya fara nuna. Ni kuwa ina nan ƙalau, ina dafa abincina da hannuna, ina hawa matakala da ƙafafuna, ba na neman kowa.

Rabon da ki ga rubutuna tun shekarar da muka binne Inna, don haka kin san ba hira ta kawo ni ba. Tun da na ajiye shugabancin ɗakin karatu na jami'a, lokacina yana tafiya ne a gyaran babban Kundin sani na intanet, wanda kowa ke buɗewa a wayarsa. Aikin sa kai ne, kuma akasarin masu yin sa yara ne da ba su taɓa shaƙar ƙurar tsohuwar jarida ba. A bana na ɗauki shafi guda domin in kai shi matsayin da ake ba shi tauraro, wato shafin kakar wasa ta 1974 ta ƙungiyar besbol, wasan ƙwallon da ake jefawa a buga da sanda, ta kamfanin ƙera jiragen ruwa na Hamaoki. Kakar wasan yayanmu Takeomi ke nan, wadda ya yi yana kyaftin kuma babban mai jifa.

Na tarar da shafin abin kunya. Ya faɗi yadda suka lashe gasar yanki, ya faɗi cewa saura mako guda a tafi gasar ƙasa a Tokyo kamfani ya janye ƙungiyar gaba ɗayanta, kamar yadda aka saba idan ɗan wasa ɗaya ya jawo abin faɗa. Sai ya rufe da cewa “saboda rashin ɗa'ar wani ɗan wasa”. A ƙarƙashin wannan jimla kuwa hoto ɗaya ne tak: Yaya Takeomi, kai a aske ƙwal, ya sunkuya gaban ma'aikata yana neman gafara. Duk wanda ya karanta jimlar ya dubi hoton ya gama yanke hukunci.

Na shafe bazara ina bin ɗakunan ajiyar jaridu. Jaridar yamma ta Hamaoki, fitowar 19 ga Yuli, shafi na bakwai, ta ambaci sunan wanda ya karya wa wani direban babbar mota muƙamuƙi a gidan giya: Shigeharu Gonda, mai shekara ashirin da biyu, mai cafe ƙwallo na biyu, wato mai jiran canji. Mijinki.

Zan sa sunan. Ba izini nake nema ba, ladabi ne ya sa na sanar da ke kafin ki gani a waya. Idan kuna da hotonsa sanye da rigar ƙungiyar, ki aiko mini tare da rubutacciyar yardarsa, domin shafin da ke neman tauraro yana buƙatar hotuna masu kyau.

Ki kula da lafiyarki.

Yayarki,
Tsuyako Mikuriya

Kurasawa,
20 ga Oktoba

Yaya,

Ina gaishe ki, ina gaishe ki ƙwarai. Da na ga ambulan da rubutunki sai da na wanke hannu kafin in buɗe, na ce yau Yaya ta tuna da ni. Ga shinkafar bana nan na sa a mota, ta gonar maƙwabcinmu ce, ba ta son ruwa da yawa.

Yaya, don Allah kada ki yi. Bari in gaya miki abin da ba ki sani ba. Shekara arba'in da ɗaya Shigeharu yana koya wa yaran garin nan besbol, bai taɓa karɓar komai ba. Shi ya share filin da ke bayan tashar jirgin ƙasa, shi ke nome ciyawarsa har yanzu, da bayan nan nasa da ya lanƙwashe. Yaran da ya fara koya wa yau su ne iyaye, wasu ma kakanni. Sun kafa kwamiti sun roƙi majalisar gari a sa wa filin sunansa. Majalisa za ta jefa ƙuri'a farkon Afrilu. A garin nan babu wanda ya san zancen Hamaoki, ko ɗiyarmu Kozue ba ta sani ba. Kin san mutanenmu. Ba za su sa wa filin yara sunan wanda ya yi dambe a gidan giya har ya jawo wa ƙungiya guda janyewa ba, ko da shekara ɗari ce ta wuce. Ba za su ce komai ba, za su yi ta sunkuya mana suna murmushi, maganar kuma ta mutu.

Na karanta masa wasiƙarki yana cin abinci. Ya ajiye tsinkayen cin abinci ya ce, “Malama dai tana nan da ranta, ashe.” Na ce, “Abin da za ka ce ke nan?” Ya ce, “To me zan ce, tsohuwa? Ki aika mata hoton nan da na fito da kunnuwa kamar faranti, in za a yi abin kunya a yi shi da kyau.” Ya yi dariya, amma bai ƙarasa shinkafarsa ba, kuma mutumin nan bai taɓa barin ƙwaya ɗaya a kwano ba tun da na aure shi.

Ki cire hoton Yaya Takeomi mana, in hoton ne damuwar. Ko ki rubuta a ƙasansa cewa kyaftin ne yake ba da haƙuri a madadin kowa. Wa zai cutu? Ki bari Afrilu ta wuce kawai, daga nan ki rubuta abin da kika ga dama.

Ƙanwarki mai ƙaunarki,
Chizuru

Matsuyama,
2 ga Nuwamba

Zuwa ga Chizuru,

Bayan gaisuwa, shinkafa ta iso, na gode. Na ba maƙwabciyata, domin likita ya rage mini ita.

Kin kawo shawarwari uku, zan amsa su bi da bi. Hoton ba zai fita ba, shi kaɗai ne hoton kakar wasan da jarida ta buga, kuma ba a ɓoye tarihi don ya yi muni. Ƙarin bayani a ƙasansa na riga na yi tun kafin ki ba ni shawara, amma mutane hoto suke kallo, ba ƙananan haruffa ba. Batun jiran Afrilu kuwa, ki sake karanta abin da kika rubuta. Kina roƙona ne in taya ku ɓoye wa majalisar gari magana har sai ta jefa ƙuri'a cikin duhu. Ban yi shekara talatin da shida ina koya wa ɗalibai yadda ake kafa hujja ba domin in ƙare a wannan sana'a.

Kin tambaya wa zai cutu. Kina da shekara ashirin a lokacin, hankalinki yana kan rigunan bazara, don haka bari in tuna miki. Yaya Takeomi yana da shekara talatin da ɗaya, kafaɗarsa ta riga ta fara mutuwa, ya san wannan ce tafiyarsa Tokyo ta farko kuma ta ƙarshe. Inna ta ɗinka sabuwar riga don tafiyar. Bayan janyewar, gida gida ya bi yana sunkuyawa: gidan manaja, gidan direban, gidajen 'yan wasa goma sha tara, har da mai sayar da kifin da ya ba da gudummawar motar magoya baya. Ni na riƙe masa laima a wasu gidajen. Matar mai kifin ta leƙo ta taga ta ce, “A'a, Kyaftin, har an dawo daga Tokyo? Ina tsarabarmu?” Ya sake sunkuyawa. Daga nan aka mayar da shi sashen walda, inda ya zauna har huhunsa ya ƙare yana da hamsin da huɗu. Babu filin da aka sa wa sunansa. Ke kuwa, shekara biyu bayan haka, kika dubi duk mazan ƙasar nan kika zaɓi Gonda, kuka hau jirgi kuka tafi inda ba a san ku ba.

Na sa sunan shekaranjiya, tare da madogararsa: jarida, rana, shafi. Jimlar gajeriya ce, babu zagi a cikinta, babu ƙari. Ina ganin ita ce jimla mafi tsabta a shafin.

Hoton da na nema bai zo ba. Ina jira.

Yayarki,
Tsuyako Mikuriya

Kurasawa,
11 ga Nuwamba

Yaya,

Ina gaisuwa. Ki yi haƙuri da rubutun.

Jiya Malam Udagawa, shugaban kwamitin filin, ya zo gidanmu da kwalin alewa. Ya zauna ya sha shayi, ya yabi furannina, ya yi zancen dusar ƙanƙarar da ake sa rai. Sai da ya tashi yana sa takalmi ya ce, “Af, jikana ya ce ya ga wani mai suna irin na Koci a waya. Na ce masa masu suna Gonda ai suna da yawa a ƙasar nan.” Shigeharu ya ce, “Suna da yawa kam.” Malam Udagawa ya ce, “Na dai ce masa kada ya nuna wa kowa tukuna.” Tukuna, Yaya. Kin ji kalmar.

To ni ma zan faɗi abin da na yi shekara hamsin ina haɗiyewa. Ba Shigeharu ya doki direban nan ba. Yaya Takeomi ne. Direban ya ce masa tsohon doki, ya ce a Tokyo yara za su yi wasa da jifarsa, shi kuwa ya sha giyar shinkafa ya ƙoshi. Kafin 'yan sanda su iso manyan ƙungiya suka dubi juna, suka dubi wanda ya fi kowa ƙanƙanta a teburin. Kin san yadda ake yi. Babba ba ya faɗuwa alhali ƙarami yana tsaye, balle mai jifan da ake taƙama da shi. Suka ce in ɗan benci ne ya yi, wataƙila kamfani ya kore shi shi kaɗai a tafi Tokyo. Shigeharu ya miƙe ya ce shi ne. Ba su ma roƙe shi ba. Dabarar ba ta ci ba, aka janye kowa, sunan kuma ya zauna a kansa.

Kuma kin sani. Washegari da safe ke kika sa hannun Yaya na dama cikin ƙanƙara a bayan kicin, ni na riƙe kwanon. Yatsunsa biyu sun kumbura kamar rogo. Kika ce mini, “Ƙofar mota ce ta datse shi, kin ji ko?” Na ce na ji. Kina tsammani don me na auri Shigeharu? Na ga mutumin da aka ɗora wa kayan gidanmu ya ɗauka bai yi ƙorafi ba.

Bai san na rubuta miki wannan ba, da ya sani da ya yaga takardar. Ba shi da lafiya, Yaya. Abinci ba ya zama a cikinsa, ranar Alhamis za a kai shi babban asibiti a duba. Ba na neman ki rubuta sunan Yaya Takeomi, ni ma yayana ne. Ki cire na mijina kawai.

Chizuru

Matsuyama,
25 ga Nuwamba

Zuwa ga Chizuru,

Bayan gaisuwa, ina yi wa maigidanki fatan samun sauƙi.

Na karanta labarinki sau biyu. An tsara shi da kyau. Tambayata ɗaya ce, ita ce kuma wadda nake yi wa kowane yaro da ya zo Kundin da zancen da kakarsa ta ba shi: a ina aka buga? Wace jarida, wane littafi, wane shafi? Ƙa'idar aikinmu ta farko ita ce ba a rubuta abin da mutum ya gani da idonsa ko ya ji da kunnensa, sai abin da aka wallafa, wanda baƙo zai iya zuwa ya duba. Kin kawo zancen kwano da ƙanƙara. Abin da na gani a bayan kicin, ko ban gani ba, ba madogara ba ne. Ban keɓe kaina daga ƙa'idar da nake ɗora wa wasu ba. 'Yan wasan da ke teburin nan duk sun mutu in ban da mijinki, direban ya mutu, Yaya ya mutu. Abin da ya rage a duniya shi ne shafi na bakwai, kuma mijinki da bakinsa ya ba 'yan jarida abin da suka buga. Idan ƙarya ya yi musu, shekara hamsin ta ishe shi ya gyara.

Duk da haka ki kwantar da hankalinki, domin an cire sunan, ba kuwa da hannuna ba. Wani mai kula da shafuka, wanda ke kiran kansa Kifin Gwangwani, kuma daga rubutunsa ban ba shi shekara ashirin da biyar ba, ya goge jimlar ya kulle shafin. Ya rubuta mini a dandalin muhawara cewa, “Kaka, da girmamawa, mutumin nan yana raye, ba sananne ba ne, kotu kuma ba ta taɓa kama shi da laifi ba. Ƙa'idar rayayyu ta hana.” Kaka! Na amsa masa da sakin layi tara. Wasu huɗu suka goya masa baya, ɗaya har da zanen fuska mai murmushi. Masu duba shafi kuma sun ce ba za su ba da tauraro ba muddin dalilin janyewar bai cika ba. Wato an hana ni sa sunan, an kuma hana ni tauraro don babu sunan.

Na koma na karanta ƙa'idar tasu kalma bayan kalma, kuma dole in yarda sun fi ni gaskiya. Tana kare rayayye. Matacce ba ta san da shi ba, shi ya sa hoton Yaya zai ci gaba da sunkuyawa a wurin ba mai cewa uffan. Mijinki yana da wata kariya da yayanmu ba shi da ita, wato numfashi. Ki kula da shi sosai.

Yayarki,
Tsuyako Mikuriya

Asibiti, hawa na huɗu,
8 ga Janairu, 2025

Malama,

Barka da sabuwar shekara. Gonda ne, mai kunnuwa. Ban iya wasiƙa ba, ki yi haƙuri, kada ki sa mini jan biro.

Tsohuwata ta faɗa mini abin da ta rubuta miki, mun yi faɗa har ma'aikaciyar jinya ta leƙo. Kada ki kula ta. Abin da jarida ta ce shi ne. Ni na doki mutumin, hannuna har yau yana tunawa. Kyaftin bai taɓa kowa ba. In kina son in sa hannu a kan haka ki aiko takarda.

An ce wai muddin ina numfashi ba ki da iko da ni. Wannan doka ta burge ni. Likita ya ce ciwon ya bazu, ya ce mu yi shiri. Na ce masa, “Likita, ni mai cafe ƙwallo ne, aikina tsuguno ne, ka bar ni in tsuguna har Afrilu.” Ya ce zai yi ƙoƙari. Na ce ba kai za ka yi ba, ni zan yi. Yanzu duk abin da suka kawo ina ci, har da wannan kunun da ba shi da gishiri.

Ba don ni ba ne, Malama. Ni allo da sunana bai dame ni ba. Amma yaran nan sun yi ta yawo gida gida suna tara sa hannu cikin ruwan sama, kuma Kozue ta riga ta gaya wa 'ya'yanta. Shi ke nan.

Wasa ne tsakanina da ke yanzu, turmi na tara, na ƙarshe. Ke kike jifa. Kin fi Kyaftin ƙarfin hannu, na rantse.

A gaida lemun Matsuyama.

Shigeharu Gonda

Kurasawa,
13 ga Fabrairu

Yaya,

Shigeharu ya rasu ranar Lahadi, tara ga wata, da hantsi. Mun ƙone gawarsa jiya bisa al'ada. Yaran sun zo cikin rigunan wasa sun jeru a bakin hanya, suka cire huluna da motar ta wuce.

Ranar Asabar ya tambaye ni kwana nawa ya rage zuwa Afrilu. Na rage masa lissafin, na ce saura kaɗan. Ya ce, “Ƙarya kike, tsohuwa,” ya yi murmushi.

Malam Udagawa ya ce majalisa za ta zauna ranar biyu ga Afrilu kamar yadda aka tsara, ya ce tun da abin nan ya ɓace daga waya bai ga dalilin tayar da shi ba. Addu'ar kwana arba'in da tara za ta kama ashirin da tara ga Maris, a haikalin da ke saman gari. Ba ni da kowa daga gidanmu sai ke. Ki zo.

Ban roƙe ki komai ba a wannan wasiƙar. Kin gani, ban roƙa ba.

Chizuru

Matsuyama,
21 ga Fabrairu

Zuwa ga ƙanwata Chizuru,

Na sami labarin rasuwar maigidanki, ina miƙa ta'aziyyata gare ki da Kozue da 'ya'yanta. Mutum ne mai juriya, wasiƙarsa kuma ta fi yadda na zata tsari.

Na sanar da masu kula da shafuka, tare da sanarwar rasuwar da jaridarku ta buga. Kifin Gwangwani ya nemi a jira shekara guda saboda iyali. Na nuna masa cewa ƙa'idar ba ta yanka wa'adi ba, cewa ta yi a jira gwargwadon makoki, makoki kuwa a ƙasar nan an san ranar fitarsa. An yi muhawara, wannan karon na yi rinjaye. Za a buɗe shafin ranar da kwana arba'in da tara suka cika. Kafin nan ba zan taɓa ko wasali ɗaya ba, kina da alkawarina.

Zan zo addu'ar. Zan iso da jirgin safe, in kunna masa turare, in zauna kusa da ke. Kada ki gyara mini ɗaki, da jirgin ƙarfe biyu zan juyo, domin ina da aikin shafin a gida da yamma.

Ki riƙa cin abinci.

Yayarki,
Tsuyako Mikuriya